Babbar Rigar Baffa

Baffana bai taɓa yarda ya tsaya gaban kyamara ba sai da babbar riga. Shuɗiyar shadda ce mai aska biyu, wadda ya ɗinka tun bikin babban ɗansa, yake ajiye da ita a ƙasan adaka tare da kafur. Duk ranar da ya ji zan zo da kayan aiki, sai an kai ta wajen masu bugu ta dawo tana ƙyalli. Ya kafa hula, ya shafa turare, sannan ya gangara fadama yana saɓa hannun rigar a kafaɗa kamar mai tafiya ɗaurin aure. Rigar nan ta kusa raba ni da sana'ata, kuma har gobe ina bayanta.

Sana'ata shirya fim, amma ba irin wanda ake rawa da waƙa a ciki ba. Nawa babu ɗan wasa ko ɗaya. Ina bin abin da hukuma ta ce za ta yi, da abin da ta yi, da wanda abin ya faɗo wa a ka. A Wudil mai ɗaukar hoto ake ce mini, ko da yake ba kasafai nake riƙe kyamara ba. Ni ce furodusa. Ni ke nemo labari, ni ke zaman benci a ofisoshi ina jiran izini, ni ke neman wanda zai ɗauki nauyin aikin, in kuma aka tashi zagi, ni ake zagi.

A wani gidan talabijin na birni na fara, ina sabuwar gama karatu, kaina cike da buri. Aikina a lokacin bin manya wajen buɗe ayyuka. A yanke ƙyalle, a tafa, mai girma ya sha ruwan sabon famfo a tafin hannu, mu ɗauka mu dawo. Wata rana bayan damina hanya ta biyo da mu ta wani ƙauye da muka taɓa ɗaukar bikin buɗe famfonsa, na ce direba ya tsaya. Muka tarar da akuya ɗaure a jikin famfon, mata kuwa sun koma rafi da tulunansu. Na sa aka ɗauka, na haɗa da hoton ranar biki, na kai wa shugabanmu ina murna kamar na tsinci dami a kala. Ya kalla har ƙarshe, ya zare kaset ɗin ya jefa a durowa, ya ce, "Ke, wa ya aike ki?" Na ce ba kowa, amma dai akuyar ta fi mutanen garin cin moriyar famfon. Daga ranar aka san ni da baki. Kaset ɗina suka yi ta taruwa a durowar nan, har ranar da na ga ta kusa cika, na ajiye musu aikinsu na kama gabana.

Tun daga nan nake cin gashin kaina. Na yi fim a kan takin zamani da ba ya isowa sai an gama noma, na yi a kan asibitin karkara da ba shi da ungozoma, na yi a kan tsofaffin malaman makaranta masu jiran fansho. An kira ni 'yar adawa, an kira ni 'yar koren Turawa. Wani ma ya aika wa mijina cewa ya ja mini kunne. Mijina ya ce da ɗan aiken shi ma ya daɗe yana neman kunnen bai samu ba.

Mai ɗaukar mini hoto duk tsawon shekarun nan mutum ɗaya ne, Kirista daga kudancin Gombe. Karatun jami'a ne ya kawo shi garinmu, ya gama ya ƙi tafiya, ya yi aure ya zauna a Sabon Gari. Hausa a bakinsa kamar jakin Kano. Ba shi da yawan magana, ni kuwa ina da ta mutum biyu, shi ya sa muka daɗe tare.

Baffa wan mahaifina ne. Mahaifina ya rasu ina ƙarama, shi ya riƙe ni, kuma da albasar fadamarsa na yi karatu. Sunan mahaifiyarsa aka sa mini, don haka bai taɓa kama sunana ba, Uwata yake ce mini ko a gaban wa. Gonar tana bakin kogi, ƙasa da gada, gadon kakana ce. Rake a gefen ruwa, albasa da tattasai a tsakiya, da wani mangwaro da kakana ya dasa, wanda muke shan fura a inuwarsa in rana ta take. Ina yarinya, in na tsaya a gindin mangwaron sai na ɗaga murya sosai kafin mai yankan rake a bakin ruwa ya ji ni.

Sai birni ya kama gine-gine, gini kuwa yashi yake ci. Da can da shebur da kwalekwale ake ɗiban yashin, damina ta zo kogi ya mayar da abinsa. Daga baya aka kawo injin da ke zuƙo shi daga ƙasan ruwa, tifofi suna layi tun da sassafe. In aka rarake cikin kogi, gaɓa ba ta da abin jingina, sai ta riƙa zaftarewa. Raken Baffa ne ya fara tafiya, layi bayan layi. Na ce wannan karon labari ya same ni har gida. Tambayata ɗaya ce: wa ya ba da izinin kafa inji a jikin gonakin mutane, wa kuma ke da ikon cewa a matsa? Na yi imani in fim ɗin ya fita da ƙarfinsa, za a ɗauke injin kafin ya cinye sauran gonar.

Ranar ɗauka ta farko muka kafa kyamara muka jira. Sai ga Baffa cikin shuɗiyar riga, ƙamshi yana gaba yana biye. Mai ɗaukar hotona ya dube ni ya sunkuyar da kai yana murmushi. Muka tsayar da shi a wani ɗan tudu inda tsohon jigon ban ruwa na kakana yake, mangwaro a bayansa, kogi can gefe. Sai da ya tambayi maigidana da yara ɗaya bayan ɗaya, ya tambayi abokin aikina iyalinsa da mutanen Gombe, sannan na samu na sako tawa.

"Baffa, yaya gona?"

"Alhamdu lillahi. Sai godiya."

"Na ga ruwa ya ci raken nan kaf."

"Ikon Allah ne, Uwata."

"Masu injin can fa, me za ku ce musu?"

"Su ma abinci suke nema. Allah ya ba kowa nasa."

Na juya tambayar ta gaba, na juya ta ta baya, ko gezau. Inji yana ruri a gefenmu, tsohon nan yana godiya. Na ji kamar in ɗora hannu a ka in kurma ihu. Ba yau na fara sanin halin mutanenmu ba. Talakan ƙasar nan ba ya kai kukansa gaban baƙo, kyamara kuwa baƙuwa ce. In aka ce ana zuwa ɗaukar hoto, mata su share tsakar gida su ɗaura zanen biki, maza su aro hula, gidan da ba a ɗora tukunya ba a ce maka lafiya lau. Rufin asiri ne, da shi muka tashi. Amma ban zaci Baffana zai yi mini haka a kan gonarsa ba.

Muka naɗe kaya, ya ce bari ya taka mana. A rakiyar ne, mun kusa titi inda masu soya kifi suke, ya rage tafiya har abokin aikina ya yi gaba. Ya ce, "Uwata, ran da layin ƙarshe ya tafi ina wurin. Na zo ban ruwa da safe, na ji ƙara kamar katanga ta faɗi. Raken da na dasa da hannuna na gani yana tafiya a tsaye cikin ruwa. Na zauna a ƙasa na yi kuka kamar yaro. In gonar nan ta ƙare, ban san abin da zan ce wa kakanki ba."

Gabana ya faɗi, amma furodusar da ke cikina ba ta barci. Na ɗaga hannu zan yafito mai kyamara. Baffa ya girgiza kai.

"A'a. Wannan uwata na gaya wa. Akwatin can ba uwata ba ne."

Na bar shi na shiga bin ofisoshi. Wannan ya ce kogi ba huruminsa ba ne, in je na gaba. Na gaba ya ce yashi ma'adini ne, na sama da su ke da iko da shi. A na saman kuma kullum oga ya tafi taro. Direbobin tifa sun fi kowa gaskiya, ɗayansu ya ce, "Hajiya, ni inda aka loda mini nan nake ɗauka." Na tace duk abin da muka samu na haɗa, na tafi da shi Abuja wajen mutumin da ƙungiyarsu ta yi alkawarin ɗaukar nauyin fim ɗin da yaɗa shi. Bahaushe ne ɗan'uwana, mai fara'a, da wani siririn gilashi a karan hanci.

Ya kalla a kwamfuta yana tsallake gaisuwa. Da ya zo kan Baffa sai ya tsayar.

"Hajiya, wannan shi ne wanda aka zalunta?"

"Shi ne."

"Ai ya fi ni kyan riga! Wa zai tausaya wa wannan? Ga shi kuma sai godiya yake yi. Waɗanda za su kalla ba su san mu ba, abin da ido ya gani shi zuciya take bi. Ki koma ki ɗauke shi da kayan gona, in da yagagge ma ya fi. Ki samo mana hawaye. Shi ba ya faɗin damuwarsa ne sam?"

Bakina da bai iya shiru ba ya ce yana faɗa, amma sai a rakiya, in an kashe kyamara.

"To ai shi ke nan." Ya buɗe durowa ya ɗauko wani ɗan makirufo da bai fi ƙwallon dabino ba. "Ki maƙala a cikin mayafinki, in ya rako ki ya yi maganarsa. Gonarsa fa za ki ceta. Nan gaba shi zai gode miki."

Duk hanyar dawowa ina saƙawa ina kwancewa. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne maganar mutumin ba ƙarya ba ce gaba ɗaya. Na san yadda ake kallon fim, na san hawaye yana tafiya nesa. Makirufon dai tun kafin mu kai Zariya na san ba zan ɓoye shi ba, wanda ya goya ka ba ka yi masa satar murya. Amma batun riga na ce zan roƙa, kuma ban ga abin kunya a roƙon ba, gona nake son ceta.

Na sami Baffa a zaure yana tufkar igiya. Na durƙusa na gaishe shi, na zayyana masa komai, har makirufon na ajiye a kan tabarma. Ya ɗauka ya jujjuya ya ajiye.

"Baffa, sau ɗaya tak. Ku sa rigar da kuke ban ruwa da ita, ku faɗi abin da kuka faɗa mini a hanya. Shi ke nan."

"Uwata, wa kika ce zai kalli abin nan?"

"Duniya, Baffa. Manya da ƙanana."

"Har surukaina? Har jikokina, bayan ƙasa ta rufe mini ido?"

"Har su."

"To in baƙo ya zo gidanki, a fasasshiyar ƙwarya kike ba shi ruwa?"

Zuciya ta ɗebe ni, na manta da wa nake magana. "Baffa, rigar nan ce za ta cinye gonar, ba inji ba!"

Ya dube ni. Bai ɗaga murya ba, dama ba halinsa ba ne. Ya ce, "Gona ruwa ya ci, bai ci ni ba. Waɗanda suka ba da izinin nan suna da idanu, sun san hanyar kogi. In sai na tuɓe na yi musu kuka sannan za su taimake ni, to su riƙe taimakonsu." Ya turo mini makirufon da yatsa. "Mayar wa mai shi."

Na aika wa mai gilashi abinsa ta hannun direban mota, na kira shi a waya na ce ba riga ba hawaye, yadda ya gani haka fim ɗin yake. Ya ce, "Haba Hajiya, yanzu saboda riga za ki bari gona ta tafi?" Na ce, "Ranka ya daɗe, mahaifinka yana da rai?" Ya ce yana nan. Na ce, "To ka fara da shi. Ka tuɓe shi a gaban kyamara ka aiko mini, in na ga ya yi kyau sai in yi wa nawa." Ya kashe waya. Aikin ya tafi, ya kuma tafi da wasu, don masu ba da irin wannan aiki duk sun san juna, labari ya zaga cewa matar Wudil ba ta tanƙwaruwa. Na kai wa gidajen talabijin, suka ce ya yi zafi. Na kai wa wasu ƙungiyoyin, suka ce ya yi sanyi. Na daɗe ina ɗaukar bukukuwan aure da tallan makarantun kuɗi don tukunya ta hau murhu. Wannan ma ba na jin kunyarsa, a can aƙalla da kwalliyarsa ake son ganin kowa.

Ina fushi da mai gilashi, ina fushi da ofisoshi, kuma gaskiya ina fushi da Baffa. In na hau gada ranar Juma'a, motocin shanu sun cushe hanya, in leƙa ƙasa in hango injin yana aikinsa hankali kwance, sai in ji abinci ya fita raina.

Da wata daminar ta wuce ruwa ya janye, abokin aikina ya ce, "Hajiya, mu koma mu ga tsoho mana." Na ce mu ɗauki me, godiya? Ya ce ko ita ce. Muka je. Riga ta fito, turare ya tashi. Don haushi ko sabon wuri ban nema ba, na tsayar da shi inda ya tsaya bara, wajen tsohon jigo, na yi masa tambayar bara, ya ba ni amsar bara. Da muka dawo ɗakin tacewa muka jera hotunan biyu gefe da gefe. Riga ɗaya, hula ɗaya, godiya ɗaya. Amma a na bara ruwa yana can nesa a gefen hoto, a na bana ya zo bayan mangwaro, rabin wajen albasa babu. Ba wanda ya yi kuka, amma tsikar jikina ta tashi. Na ce da abokin aikina, "Ga fim ɗinmu nan."

Na koma wajen Baffa na ce, ku sa rigarku, ku yi godiyarku, abu ɗaya nake roƙo, duk shekara wuri ɗaya za ku riƙa tsayawa. Ya ce, "Wannan mai sauƙi ne."

Haka muka yi ta yi. Na shirya wasu finafinan a tsakani, wasu sun fita, wasu suna nan a ajiye. Zamanin kaset ya wuce aka koma ɗan kati, furfura ta fara leƙowa a kaina. Amma duk bayan damina muna bakin kogi, har masu soya kifi suka riƙa yi mini ba'a, "Hajiya, an zo gaida ruwa?" In ce musu an zo, ku ma ku matsa da kaskonku kafin ya zo gaishe ku. Wata shekarar saiwar mangwaro ta fito tana reto a kan ruwa. Wata shekarar muka zo babu mangwaron, sai sarari. Baffa ya fara dogara sanda. Shuɗin rigar ya koɗe, wuyanta ya sha ɗinki, amma ba ta taɓa zuwa ba bugu ba. Kowace shekara in aika wa ofisoshin nan abin da muka tara, kowace shekara shiru kamar an aiki bawa garinsu.

Shekarar da ta fi tsaya mini a rai, mun gangara muka tarar tudun jigon ma ya tafi. Abin da ya rage na gonar wani ɗan zirin ƙasa ne a jikin hanya, bai fi shimfiɗar 'yan tabarmi ba. Na tsaya na rasa inda zan ce a kafa kyamara. Sai ga Baffa da rigarsa, tare da wani amininsa masunci, tsoho kamarsa, yana janye da kwalekwale ta bakin ruwa.

"Baffa, ina kuma za ku?"

"Ke kika ce wuri ɗaya. Wurin yana can." Ya nuna cikin ruwa da sandarsa.

Na ce ba zai yiwu ba, inji ya rarake wurin, akwai zurfi, ku kuma ba yaro ba ne. Ya ce, "Uwata, yau kuma ke ce mai ja da baya?" Ya sa abokin aikina ya maƙala masa makirufo a wuyan riga, a fili, kowa yana gani. Ya tattare rigar ya shiga. Masuncin ya tuƙa, Baffa yana nuna masa, dama kaɗan, gaba kaɗan, yana auna wurin da gada da wata giginya ta tsallaken kogi. Da suka kai ya ce a tsaya. Ya dafa kafaɗar amininsa ya miƙe tsaye, ya saki rigar ta sauka, ya gyara hula.

Na ɗaga murya daga gaɓa kamar yadda nake yi ina yarinya in zan kira mai yankan rake.

"Baffa! Yaya gona?"

Ya sunkuya ya dubi ruwan da ke ƙarƙashinsa. Sannan ya ɗago ya dubi kyamara kai tsaye, abin da bai taɓa yi ba.

"Alhamdu lillahi. Sai godiya."

Ni ce na yi kukan da aka daɗe ana nema, a bayan kyamara, inda ba mai saye. Abokin aikina bai ɗauke ido daga aikinsa ba, amma na ji yana jan hanci.

Ban sake kai wa kowa roƙo ba. Na haɗa fim ɗin yadda nake so, shekara bayan shekara, da gaisuwarsa cikakkiya, ko "yaya iyali" ɗaya ban yanke ba. Na sake shi a waya ya yi ta yawo daga hannu zuwa hannu. Wasu malaman jami'a suka ba mu zaure muka nuna shi wata Asabar da hantsi, aka gayyaci mutanen ofisoshin nan da shugabannin masu tifa. Manoma suka zo har daga wajen Utai, kowa da babbar rigarsa, zauren ya cika da ƙamshin kafur da turare. Baffa yana layin gaba. Da aka zo wajen kwalekwale ko tari ba ka ji. Duk wanda ke wurin ya san nauyin godiyar nan, ba sai an yi masa bayani ba. Wani babban jami'i da ya zo da takardar jawabi ya ninke ta ya sa a aljihu. Ya tako har gaban Baffa ya rusuna, abin da ya iya cewa kawai, "Baba, a yi haƙuri."

Baffa ya ce, "Ai shi muke ta yi."

Ba a daɗe ba aka ɗauke injin daga jikin gonakin aka gangara da shi. Ba zan ce fim ɗina ne kaɗai ya yi ba, ba zan kuma ce an tafi ke nan ba, wadda ta ga akuya a jikin famfo ba ta saurin yin tafi. Zirin nan dai ya tsira, Baffa ya dasa 'yan layukan albasa. Mai gilashi ma ya kira, ya ce fim ɗin ya yi ƙarfi, ashe rigar ce ta riƙe shi, ko za mu zauna mu yi magana. Na ce masa ina kan hanya. Har yau ban isa ba.

Ranar da na je ganin albasar, Baffa ya ce bari ya taka mini. Tafiyarsa ta yi sanyi, muna yi muna tsayawa. A rakiyar nan ni ma na faɗi tawa.

"Baffa, da kun yi kukan nan tun shekarar farko, wataƙila da mangwaron Kaka yana nan."

Ya yi 'yan taku.

"Wataƙila," ya ce. "Ni ma ina tuna shi, Uwata. Kullum." Sai ya tsaya ya dogara sandarsa. "Amma da wace fuska zan zauna a inuwarsa?"

Mangwaron ya tafi, babu fim ɗin da zai dawo da shi, kuma ina jin ciwonsa duk lokacin da na hau gada. Amma a mayar da ni ofishin nan na Abuja, a sake ajiye mini makirufon, wallahi sai na sake mayar wa mai shi. Mutum ya zo gaban kyamarata yadda yake so a gan shi. Nemo inda gaskiyar take aikina ne, ba aikinsa ba ne ya tuɓe mini.

Bana an ce an ga masu injin suna zagaya gaɓar da ke sama da zirin. Na kira abokin aikina na ce ya yi cajin batura. Rigar kuwa tun shekaranjiya na kai ta wajen masu bugu da kaina.